Yadda Ƙusar Takalmin Gudu Ta Kwantar da Abba

Ina farawa da sunan Allah, wanda ya kwantar da yarona kuma ya tashe shi. Ni manomin rake ne a Kudan, rubutu ba sana'ata ba ce. Na zauna yin wannan ne saboda iyayen da 'ya'yansu ke guje-guje da buga ƙwallo, domin na ga yadda ake raina rauni idan bai zubar da jini da yawa ba.

Abba ne ɗana na fari. Sunan mahaifina ya ci, shi ya sa ba mai kiran sunansa na yanka a gidan. Yana karatu a wata kwaleji a Zariya, a can ne wani mai horar da 'yan gudu, Koci Bulus, ya ga tsawon ƙafafunsa ya ja shi cikin wani irin tsere da ban taɓa jin labarinsa ba. Ranar da ya fara kwatanta mana shi a tsakar gida, uwarsa Hajara dariya ta yi ta yi. Wai gudun mita dubu uku ne ana zagaya fili, amma an gitta katakai masu nauyi a hanya, tsayinsu ya kusa ƙugu, kuma in ka buge su ba sa faɗuwa, kai ne za ka faɗi. A kowane zagaye akwai katako ɗaya da aka haƙa ramin ruwa a bayansa, mai zurfi a gindin katakon, yana raguwa ta gaba. Gwani yakan taka katakon da ƙafa ɗaya ya cilla kansa, ya dira a bakin ruwan inda ba zurfi. Wanda ya gaji kuwa tsakiya yake faɗawa.

Hajara ta ce, "To wa ke korar ku da ba za ku kewaye ruwan ba?"

Ya ce, "Inna, in an kewaye ai an fita daga tseren."

Muna tsakiyar yankan rake ya dawo hutu, da lambar yabo a aljihu, yana ɗan ɗingishi. Ya zo na biyu a wata gasar makarantu. Da na tambaye shi ƙafar, sai ya ce ba komai ba ne. A zagayen ƙarshe sun isa ramin ruwan a cunkushe, wanda ke bayansa ya dira a kan dunduniyarsa. Takalman gudunsu ƙusoshi ne a ƙasa, ƙanana masu tsini. Ƙusa biyu suka shige shi a cikin ruwan, ruwan kuwa ya daɗe a kwance, har ya yi kore. Koci ya ce masa ya je asibitin makaranta, da ya je ya tarar da layi, motar gida kuma tana shirin tashi. Sai ya tsaya a wani kemis aka goge wurin, aka manna filasta, aka ba shi maganin ciwo. Ba wanda ya yi masa maganar allura. Na duba wurin da idona: ɗigo biyu ne, ko ƙwayar gero ta fi su girma. Na ce Allah ya sauwaƙe, na koma gona.

Satin farko lafiya lau. Bakin raunin ya rufe, har yana bin mu gona yana ɗaurin rake. Wajen ƙarshen satin ne ya ture kwanon tuwo ya ce tauna na ba shi wahala. Hajara ta ce haƙori ne, ta dafa masa kanumfari. Washegari ya ce wuyansa ya riƙe, muka ce kwanciya ce. Kwana ɗaya bayan haka na shigo na tarar da shi zaune a bakin ƙofa, leɓensa a ja, haƙoransa a waje kamar mai murmushi, amma idanunsa cike da tsoro. Na ce ya buɗe baki. Ko ɗan yatsa bai shiga ba.

Yayata Asabe ta zo daga Makarfi a ranar. Ita ta goye ni ina yaro, maganarta tana da nauyi a gidana. Ta dube shi ta ce, "Isiyaku, wannan ba na asibiti ba ne. Ruwan da ya daɗe a kwance yana da masu shi. Yaro ya je yana dirar musu a ka, me kake jira?" Ta ce akwai wani mai magani a Dandamisa, a kai shi a yi masa hayaƙi. Maƙwabta kuma kowa da nasa, wani ya ce sanƙarau ne, wani ya ce a gasa wuyan da ruwan zafi.

Muna cikin wannan shawara sai murfin tukunya ya suɓuce daga hannun Hajara ya faɗi. Ƙarar na tashi, jikin Abba ya sandare gaba ɗaya. Ya gantsare a kan tabarma, ƙeyarsa da dunduniyarsa kaɗai ke taɓa ƙasa, gumi na keto masa, haƙoransa na ƙara. Bai suma ba. Idonsa na kaina har abin ya sake shi. Ban ƙara jin shawarar kowa ba, na fita neman mota.

A asibitin da ke kusa da mu muka bi layin kati, muka bi na ganin likita. Ma'aikacin da ya duba shi bai ɓata lokaci ba, ya ce mu wuce babban asibiti a Zariya, nan ba su da abin riƙe shi. Tafiyar nan ba zan manta da ita ba. Duk ramin da mota ta faɗa, duk hon ɗin da wata ta yi, sai jikinsa ya ɗaure. Direban, Allah ya saka masa, ya kashe rediyo ya riƙa lallaɓawa, na baya suna zaginsa bai kula ba.

A Zariya kuma sabon layi. Aka ce ba gado. Muka shimfiɗe shi a benci a baranda, mutane na wucewa da hayaniya, masu turin keken marasa lafiya na ƙwala kira, shi kuma yana gantsarewa. Na bi ofis uku ina roƙo, kowa na tura ni gaba. Har la'asar ta yi kafin wata likita, yarinya ce da ba ta wuce sa'ar ƙanwata ba, ta tsaya a kansa. Tambayarta ta farko ita ce, "Baba, ya ji wani rauni kwanan nan?" Sai a lokacin na tuna da dunduniyar. Ta ɓare filastar, ta danna wurin, ruwa ya fito daga ciki.

Ta ja ni gefe ta ce, "Sunan ciwon tetanus. Ƙwayarsa tana cikin ƙasa da kashin dabbobi, tana son rauni mai zurfi mai ƙaramin baki. Ba zan ɓoye maka ba, yana kisa. Za mu yi namu, ku kuma naku shi ne duhu da shiru. Sannan ka riƙe wannan: yana jin duk abin da kuke faɗa. Jikinsa ne ya ɗaure, hankalinsa na nan."

Ita ta sa aka kwashe kaya daga wani ɗan ɗaki a ƙarshen ɗakin maza aka sa shi. Suka buɗe raunin suka wanke, suka sa masa ƙarin ruwa, suka zura roba ta hancinsa don abinci. Allurar da ta fi muhimmanci babu ita a asibitin, aka rubuta mana mu nemo a gari. Ban san Zariya ba bayan kasuwa da tasha. Ina tsaye da takarda a hannu sai ga Koci Bulus, wani abokin Abba ya kira shi a waya. Ranar na fara ganinsa, gajere ne mai furfura, mutumin kudancin Kaduna. Ya gaishe ni a ladabce, ya karɓi takardar, ya hau babur ɗinsa. Ya bi kemis bayan kemis har ya samo.

Maganar kuɗi ba zan tsawaita ba. Raken da na yi shekara ina ba ruwa, wanda na so in dafa mazarƙwaila da shi, a tsaye na sayar wa 'yan kasuwa a farashin da suka ga dama, don sun san halin da nake ciki. Kowace safiya da sabuwar takardar magani. Har safar hannu da auduga mu muke saye. Abin da ya fi ci mini rai shi ne da na ji cewa allurar da za ta tare duk wannan, da an yi ta ranar da ya ji raunin, ba ta kai kuɗin motar da ya biya ya dawo gida ba.

Hajara ta ciro zannuwanta masu duhu muka rufe tagogi. Ba a barin mata su zauna a ɗakin maza, don haka jinya ta faɗo kaina. Ita kuma ta kafa zama a gindin wata dalbejiya a waje, tana dama kunu tana tacewa sau biyu don ya wuce ta roba. In lokacin ziyara ya yi sai ta cire takalmanta tun daga baranda, ta shigo a kan yatsu, ta tsaya daga nesa tana kallonsa.

A wurinmu uba ba ya wasa da ɗan fari. Tun yana jariri ban ɗauke shi a gaban mutane ba, mahaifiyata ce ta raine shi. Magana tsakanina da shi ba ta wuce gaisuwa da aike. Yanzu ga ni ina goge masa gumi, ina juya shi kada bayansa ya yi gyambo, ina wanke shi kamar jinjiri. Wata nas ta koya mini in ɗumama hannuna kafin in taɓa shi, in kuma gaya masa a hankali inda zan taɓa, don ko taɓawar bazata tana tayar da ciwon. Ni da na saba kiran mutum daga wannan gona zuwa waccan, sai da na koyi raɗa. Muka yi yarjejeniya da shi: ɗaga yatsa ɗaya e, biyu a'a. In abin ya taso ba a riƙe shi, ba a danna shi. Zama kawai nake yi kusa da kansa inda zai gan ni, ina karanta abin da na sani a zuci har ya lafa.

'Yan dubiya suka zama wata jarabawar. Dangi daga Makarfi, dangin Hajara daga Ikara, abokan karatunsa, kowa ya biya kuɗin mota ya zo, kuma kowa na son ya shiga ya yi gaisuwa yadda ta kamata. Na riƙa tare su a ƙofa. Wasu sun fahimta, wasu har yau suna riƙe da ni. Yaya Asabe ta zo da garin hayaƙi a ƙulle a bakin zane, ta ce ko kaɗan ne a turara ɗakin. Allah ya sa Malam Sabi'u, wan Hajara da ke koyar da Alƙur'ani a Ikara, yana wurin. Ya ce mata, "Yaya, yaron da numfashi ke yi wa wuya ba a kai masa hayaƙi. Addu'a kuwa ba sai an shiga ba. Mu zauna nan mu yi, za ta same shi." Ya tara mutane a gindin dalbejiyar suka yi karatu ƙasa-ƙasa.

Na bar Yaya ta leƙa sau ɗaya. Tana tsaye wayar wani ta yi ƙara a baranda, ta ga abin da ƙarar ta yi wa Abba. Ta juya ta fito. Daga ranar ta ɗauko kujera ta zauna a bakin barandar, ba ta koma Makarfi ba. Duk wanda ya doso, ɗan dubiya ne ko mai shara, sai ta ɗaga masa hannu ta nuna aljihunsa. Har wani babban likita sai da ta sa ya kashe waya.

Sati na biyu shi ne mafi muni. Wata rana bayan azahar aka tayar da janareta a bayan ɗakin ba tare da an gaya wa kowa ba. Jikinsa ya ɗaure ya ƙi saki. Ƙirjinsa ya tsaya, leɓensa ya yi baƙi. Na fita da gudu ina kiran nas. Tukunyar iskar numfashi ɗaya ce a ɓangaren, tana kan wani mara lafiya, sai da aka je wani ɗakin aka gangaro da wata. Likitar nan ta zo da gudu, ta yi masa allura, ta tsaya a kansa tana matsa masa iska da hannunta har numfashin ya dawo. Na gode mata, kuma har gobe ina jin haushin wanda ya ajiye janareta a jikin tagar mai irin wannan ciwo.

Da aka samu natsuwa na zagaya bayan gini wajen famfo, na zauna a ƙasa na yi kuka. A nan Koci Bulus ya same ni. Kusan kullum yana zuwa bayan ya tashi aiki. Ya zauna kusa da ni. Can ya ce, "Malam Isiyaku, jiya na kwashe ruwan ramin nan da bokiti, ni da yaran. Mun wanke shi har ƙasa. Kuma duk na kai su an yi musu allura. Wanda ya taka Abba ya kasa cin abinci, kullum sai ya tambaye ni." Na ce ya gaya wa yaron ba mu riƙe shi da komai ba, cikin gudu ne. Ya ce suna sa Abba a addu'a a cocinsu. Na ce mun gode, Allah ya karɓa daga kowa.

Cikin sati na uku abin ya fara ja da baya. Ɗaurewar ta ragu, in ta zo ba ta daɗewa. Kowace safiya nas na gwada bakinsa da cokali. Ranar da bakin cokalin ya shiga tsakanin haƙoransa, na fita na gaya wa Hajara, ta rufe fuska da mayafi. Bayan 'yan kwanaki ina goge masa wuya sai na ji yana motsa baki. Na kai kunnena. Maganar tana fita ta cikin haƙora, da ƙyar na gane.

Ya ce, "Baba, ka sayar da raken a tsaye."

Ashe ranar da na yi cinikin ta waya a bakin ƙofa, ina ganin na yi ƙasa da murya, duk ya ji. Ya kwana da abin a ransa sati biyu ba bakin faɗa. Na ce, "Na sayar. Wani zai tsiro." Hawaye ya gangaro masa ta gefen ido zuwa kunne. Na sa babban yatsana na share, na bar hannuna a kan goshinsa. Bai ɗaure ba.

Mun haura wata a asibitin kafin a sallame mu. Ranar tafiya likitar ta faɗi abin da ya ba ni mamaki. Ta ce wannan ciwo ba kamar ƙyanda ba ne, wanda ya yi shi zai iya sake yi, sai an yi masa allurar rigakafi an kuma cika ta. Ta dubi hannuwana da duk sara da yankan ganyen rake suka yi wa zane, ta ce, "Kai ma, Baba." Aka yi mana ni da Hajara da Yaya Asabe, wadda ta miƙa hannu tana kawar da kai.

A gida aka shiga wata jinyar. Yaron da ke tsallake katako ya koma bin bango zuwa bayan gida. Ya rame, bayansa a riƙe, in ya zauna sai an ɗaga shi. Wani lokaci ya yi fushi ba dalili, wani lokaci ya yini bai ce uffan ba. Hajara na shafa masa man shanu a ƙafafu da hantsi, tana ba shi kunun gyaɗa da ƙwai da romon kaza. Ni kuma nake fita da shi. Da farko zuwa zaure, sannan masallacin unguwa, daga baya har fadama, yana dafe da kafaɗata. Kafin damina ta sauka ya daina dafa ni. Kafin ta ɗauke ya fara sassarfa a hanyar ƙauyen Taba da sassafe, ya koma makaranta.

Ga abin da nake so mai karatu ya ɗauka. Duk raunin da ya huda, ƙusa ce, ƙaya ce, fartanya ce, kada a dubi ƙanƙantar bakinsa. A wanke shi sosai, a je asibiti a ranar, a tambayi allurar tetanus da baki ko ba a ambata ba. In mutum ya ce muƙamuƙinsa ya riƙe bayan rauni, kada a tsaya dafa kanumfari. Masu kula da filayen wasa kuma su ji tsoron Allah su riƙa canja ruwan nan. Ina godiya ga likitar da ban riƙe sunanta ba, da nas-nas ɗin ɗakin maza, da Koci Bulus, da duk wanda na kora daga ƙofa ya haƙura.

Da shekara ta zagayo Abba ya zo gida ya durƙusa a gabana ya ce yana neman izini ya koma tseren. Na ce a'a. Bai yi musu ba, ya tashi. Kwana biyu ina kallonsa yana yawo a gidan kamar baƙo. Takalman nasa Hajara ta ɓoye su tun muna asibiti, ba wanda ya san inda suke. Rana ta uku na shigo na gan su a kan tabarmata, an wanke su. Ta ce, "Malam, ni ba na so. Amma ba don ya zauna Allah ya tashe shi ba. In za ka bar shi, ka bi shi ka gani da idonka."

Na bi shi Zariya ranar da zai fara gwada ramin. Ba gasa ba ce, horo ne, daga Koci sai 'yan gudu kaɗan. Na je na tsaya a bakin ramin na leƙa. Ruwan garau, ana ganin simintin ƙasa. Katakon kuwa ya fi yadda na zata kauri.

Abba ya taho da gudu, ya iso gab da katakon, ya ja birki ya dafa shi da hannu. Ya koma. Ya sake tahowa, ya sake tsayawa. Ni a raina ina cewa shi ke nan, mu tafi gida, hankalin kowa ya kwanta. Ya koma na uku, ya tsaya can nesa yana kallon ƙasa, sannan ya ɗago ya taho. Da ya kusa na ga kafaɗunsa sun fara ja da baya kamar ɗazu. Ban san lokacin da na buɗe baki ba.

"Taka shi, Abba!"

Ya taka. Ya tashi sama, ya dira da ƙafa ɗaya a bakin ruwan, ruwan ya fantsamo mini a riga, ya wuce da gudunsa bai waiwayo ba.

Da yamma na iso Kudan ni kaɗai. Hajara na bakin murhu, ba ta ɗago ba. Ta yi mini sannu da zuwa, ta kawo ruwa, ta koma ta ci gaba da tuƙi. Sai da na sha na ajiye kofin ta ce, "Ya tsallake?"

Na ce, "Ya tsallake."

Ta ɗago, muciya a hannu. Sannan ta ce, "Ka dai tsaya ya wanke ƙafar da sabulu?"

Na ce ni na wanke masa.